Basil Davidson: Masanin Tarihin Da Ba Shi Da Ubangida

 

Duk wanda ya yi sakandare a Najeriya ko Gana ko Saliyo tsakanin ƙarshen shekarun 1960 da na 1980, in dai ya ɗauki darasin tarihi, da wuya a ce wani littafi na kamfanin Longman bai ratsa ta hannunsa ba, wato mai ba da tarihin Afirka ta Yamma daga shekarar 1000 zuwa 1800. A cikinsa yara da yawa suka fara ganin daulolin Gana da Mali da Songhai da Kanem-Borno da ƙasashen Hausa a matsayin ilmin da ake koyarwa a aji, har a zauna jarrabawa a kansa. Sunan da ke bangon littafin shi ne Basil Davidson, tare da wani malami ɗan Gana, F. K. Buah, bisa shawarar Farfesa Ade Ajayi na Jami'ar Ibadan. Ɗalibai kan ɗauka Davidson ɗin nan wani shehin malami ne da ke hakimce a ofis a Oxford ko Cambridge. To, ba haka ba ne. Ko digirin farko ba shi da shi. Ya bar makaranta yana ɗan shekara 16, kuma galibin shekarun da ya yi yana rubuta tarihin Afirka ba shi da kujera a wata jami'a, ba shi da albashin ƙarshen wata. Gashin kansa yake ci: ya rubuta littafi ya sayar, ya rubuta maƙala a jarida a biya shi, a gayyace shi lacca, daga baya kuma ya shiga talabijin. Yau za mu duba abin da irin wannan zama ya ba shi, da kuma abin da ya ci masa.

An haife shi a garin Bristol na Ingila ranar 9 ga Nuwamba, 1914, 'yan watanni da ɓarkewar Yaƙin Duniya na Ɗaya. Burinsa tun yana yaro ya zama marubuci, amma aikin da ya fara samu shi ne yawo kanti-kanti a arewacin Ingila yana manna takardun tallan ayaba. Daga nan ya gangara Landan ya kutsa cikin aikin jarida, har ya yi wa mujallar The Economist aiki a Faris, ya kuma zama wakilin harkokin diflomasiyya na wata jaridar yamma mai suna The Star. Yawon da ya yi a tsakiyar Turai da saurin kama harshe da Allah ya ba shi su suka sa hukumar leƙen asirin Birtaniya ta ɗauke shi da aka fara Yaƙin Duniya na Biyu. A ƙarshen 1939 aka tura shi Budapest ta ƙasar Hangari da sunan zai buɗe ofishin dillancin labarai. A 1941 ya faɗa hannun sojojin Italiya, aka sako shi a musayar fursunoni. Ya zauna a Alƙahira yana shugabantar sashen da ke kula da Yugoslabiya a rundunar ayyukan ɓoye ta Birtaniya, sannan a watan Agusta na 1943 ya diro da laima cikin Bosniya, ya shiga cikin 'yan sari-ka-noƙe na Tito masu yaƙar Jamusawa. Ƙarshen yaƙin ya same shi a arewacin Italiya tare da 'yan gwagwarmayar can, yana nan sojojin Jamus suka miƙa wuya a birnin Genoa a watan Afrilu na 1945. Ya fito da muƙamin laftanar-kanar da lambar jarumta.

Na san wani zai ce, to ina ruwan wannan da tarihin Afirka? Da ruwa ƙwarai. A dazuzzukan Yugoslabiya ne ya ga manoma marasa takalmin kirki, waɗanda manyan birni ke yi wa kallon gidadawa, sun shirya kansu, sun kafa kwamitocin ƙauye, sun tsaya wa rundunar da ta fi kowace ƙarfi a Turai. Wannan gani bai taɓa barin idonsa ba. Da shi ya zo Afirka, da shi ya fahimci abubuwan da wasu Turawa suka kasa fahimta, kuma, kamar yadda za mu ji can gaba, da shi ya yi babban tuntuɓensa.

Bayan yaƙi ya koma jarida. Ya yi wa The Times aiki a Faris da Landan, ya bar ta a 1949. Ya rubuta wa New Statesman, daga baya Daily Herald da Daily Mirror. Amma zamani ya juya. An shiga yaƙin cacar baka tsakanin Yamma da Tarayyar Sobiyat, kuma mutumin da ya kwana cikin daji da 'yan kwaminis, ko da gwamnatinsa ce ta aike shi, ya zama abin zargi. Shi ba ɗan jam'iyyar kwaminis ba ne, sai dai hakan bai hana a shafa masa baƙin fenti ba. Da hukumar UNESCO ta yi masa tayin aikin edita, gwamnatin Birtaniya ce da kanta ta taka wa abin burki. Saboda haka kada mu yi wa labarin ado fiye da kima: cin gashin kan nan ba duka ne zaɓinsa ba. Ƙofofi aka rufe masa, ya ga ba shi da jari sai alƙalami.

A 1951 wata ƙungiyar ƙwadago ta masu ɗinka tufafi a Afirka ta Kudu ta gayyace shi ya zo ya ga abin da ke faruwa. Shekara 3 ke nan da hawan gwamnatin wariyar launin fata. Ya je, ya gani, ya rubuta littafi a 1952, hukumomin can suka sa shi cikin jerin waɗanda aka haramta wa shiga ƙasar. Ya bi ta Kwango da Angola, a 1955 ya fitar da The African Awakening, inda ya tona yadda Fotugal ke tilasta wa 'yan Angola aikin ƙarfi da sunan kwantiragi. A nan ne amfanin rashin ubangida ya fara bayyana. Hausawa na cewa kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Jami'in mulkin mallaka da ya san gaskiyar abin da ake yi ba zai faɗa ba, don fanshonsa na hannun gwamnati. Malamin jami'a mai neman izinin shiga ɗakin adana takardu na Lisbon sai ya tauna maganarsa. Davidson bai ci ladan kowa ba, shi ya sa bakinsa ya buɗe.

Mu ɗan sha iska da wannan kiɗa, yanzu za mu dawo.

(Kiɗa)

Madalla. Masu sauraro, ga wanda ya kama mu a tsakiya, muna magana ne a kan Basil Davidson, Baturen Ingila da ya shafe fiye da shekara 40 yana rubuta tarihin Afirka ba tare da yana ƙarƙashin wata jami'a ko gwamnati ba.

Matasan yau zai yi musu wuya su yarda da irin maganar da ake yi kan Afirka a manyan makarantun Turai a wancan lokaci. Tun ƙarni na 19 masanin falsafar Jamus, Hegel, ya ware Afirka baƙar fata daga cikin tarihin duniya. Kada ku ce ai wannan tsohon zance ne. A 1963, Najeriya na da shekara 3 da samun mulkin kai, Hugh Trevor-Roper, wanda ke riƙe da babbar kujerar tarihin zamani a Oxford, ya tsaya a laccar da aka watsa ta talabijin ya nuna cewa abin da ake da shi kawai tarihin Turawa ne a Afirka, saura duhu ne, kuma duhu ba abin nazarin tarihi ba ne. In kuwa aka ci karo da abin da ba ya musantuwa, sai a nemo masa baƙon uba. A 1910, da Bajamushe Leo Frobenius ya ga kawunan da aka ƙera a Ife, sai ya danganta su da wata ɓatacciyar daula ta almara, wai Atlantis. Ganuwar dutse ta Babbar Zimbabwe aka ce aikin Finikiyawa ne ko mutanen Sarauniya Bilkisu, alhali tun 1905 David Randall-MacIver ya yi haƙa a wurin ya ce aikin 'yan ƙasa ne, Gertrude Caton-Thompson ta sake tabbatar da haka a 1929. Gwamnatin tsirarun fararen fata ta Rodeshiya ta ci gaba da toshe kunne har cikin shekarun 1970.

Abin lura shi ne, hujjojin rushe wannan zance suna nan, sai dai a warwatse. Bernard Fagg na tattara gumakan yumɓu na Nok a yankin Jos tun shekarun 1940. Kenneth Dike ya fitar da bincikensa kan ciniki da siyasa a yankin Neja Dalta a 1956. Akwai rahotannin haƙa daga Meroe ta Sudan, akwai fassarar rubuce-rubucen Ibn Battuta da na malaman Timbuktu. Amma duk suna kwance a mujallun ƙwararru waɗanda ba mai buɗe su sai ƙwararru. Abin da Davidson ya yi aikin dillali ne. Ba shi ya saƙa zanen ba, ba shi ya rina ba, amma shi ya san gidan masaƙi, ya san bakin marina, ya ɗauko kayan ya baje su a inda mai saye zai gani. A 1959 ya fitar da Old Africa Rediscovered, wanda a Amurka aka sa wa suna The Lost Cities of Africa. Ya jera Kush da Aksum da Mali da biranen gaɓar Swahili da Zimbabwe a littafi guda, cikin Ingilishin da malamin firamare zai karanta a kan tabarma ya gane. Littafin ya fito ana jajibirin 1960, shekarar da ƙasashen Afirka 17 suka samu 'yanci, lokacin da jama'a ke ƙishirwar jin cewa su ma suna da jiya. Ya ci lambar yabo ta Anisfield-Wolf a Amurka, aka kuma fassara shi zuwa harsuna da dama. Bayan shekara 2 ya biyo da Black Mother, kan cinikin bayi ta Tekun Atlantika, inda ya bi diddigin yadda hulɗar da ta fara tsakanin tsara da tsara ta rikiɗe ta zama ta mai farauta da abin farauta.

Wasu malaman jami'a sun riƙa yi masa kallon ɗan jarida kawai, mai tattara aikin wasu. Akwai ƙamshin gaskiya a ciki: yawancin abin da ya rubuta kan zamanin da, a kan binciken wasu ya gina shi, kuma wani lokaci zumuɗi kan sa ya ƙawata daulolin da fiye da yadda hujja ta ba da dama. Amma ni a ganina rainin da ake yi wa wannan aiki rainin banza ne. Malamin jami'a, ko mutum 200 ne suka karanta littafinsa, albashinsa na nan. Wanda tukunyar gidansa ta dogara da mai sayen littafi ba shi da wannan gata. In ya rubuta abin da ba a ganewa, yara uku da matarsa Marion su za su ji a jikinsu. Wannan matsi ne ya koya masa sauƙin magana, kuma sauƙin maganar ne ya kai tarihin Afirka ajin sakandare da gidajen baƙaƙen fatar Amurka. Jami'o'in ma daga baya sun sauko: Jami'ar Gana ta gayyace shi koyarwa a 1964, Ibadan ta ba shi digirin girmamawa a 1975, wasu suka biyo baya har da ta garinsu Bristol.

A nan sai in yi wata 'yar togaciya, don kada a fita da kuskuren fahimta. Davidson bai gano mana tarihinmu ba. Mutanen da ke da littafin Tarihin Kano, mai jera sarakuna tun daga Bagauda, ba sa jiran wani ya zo daga Bristol ya gaya musu suna da asali. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya rubuta Infaƙul Maisuri tun farkon ƙarni na 19. Wazirin Sakkwato Junaidu na rubuta tarihi a daidai lokacin da Davidson ke nasa, Alhaji Abubakar Dokaji ya fitar da Kano ta Dabo Cigari, ga kuma maroka da makaɗan fada da ke riƙe da salsalar sarakuna a ka. Matsalar tana wani wuri ne: a manhajar makarantar boko, wadda ta san sarakunan Ingila da tafiye-tafiyen Mungo Park, har tana koya wa yaron da aka haifa a bakin Kwara cewa wani Bature ne ya gano kogin. Da masu wannan manhaja Davidson ke jayayya, cikin harshensu, a kasuwarsu. Aikin zurfafa bincike a gida kuwa wasu ne suka yi shi, irin su Abdullahi Smith a Jami'ar Ahmadu Bello, wanda ya kafa Gidan Arewa a Kaduna a 1970, da ɗalibansa irin su Yusufu Bala Usman.

Sai kuma tafiya da ƙafa. A 1967, ya haura shekara 50, ya tsallaka iyaka ya shiga yankunan da 'yan gwagwarmayar PAIGC suka ƙwace daga hannun Fotugal a Gini Bisau, tare da jagoransu Amilcar Cabral. Ya ga makarantu da wuraren shan magani a ƙarƙashin itatuwa, ya ga jiragen Fotugal na sakin bama-bamai masu ƙona jiki a kan ƙauyuka. Littafin da ya rubuta ya fito a 1969, Cabral da kansa ya rubuta masa gabatarwa. A 1970 ya shiga gabashin Angola ta Zambiya tare da mayaƙan MPLA, ya taka ɗaruruwan kilomita a ƙasa. A lokacin Fotugal na gaya wa duniya cewa 'yan ta'adda ƙalilan ne ke tsallakowa daga maƙwabta. Gani ya kori ji, kuma shaidar tsohon soja mai lambar jarumta ba ta yarfuwa da sauƙi. Da sojojin Fotugal suka kifar da gwamnatinsu a Lisbon ranar 25 ga Afrilu, 1974, saboda gajiya da yaƙe-yaƙen nan, waɗanda suka karanta Davidson ba su yi mamaki sosai ba.

(Kiɗa)

Yanzu mu zo kan talabijin, inda miliyoyin da ba su taɓa buɗe littafinsa ba suka san fuskarsa. A 1984, yana dab da cika shekara 70, tashar Channel 4 ta Birtaniya ta watsa shirinsa mai kashi 8 mai suna Africa, wanda aka yi da haɗin gwiwar Hukumar Talabijin ta Najeriya, NTA. Ku tuna a talabijin Trevor-Roper ya yi maganarsa shekara 21 kafin nan. To a talabijin ɗin aka mayar masa da amsa, kuma wanda ya mayar ba shi da ko takardar digirin farko.

Yadda ya buɗe shirin akwai wayo. Kafin ya nuna wa Bature dalar Meroe, sai ya kai shi cocinsa. A babban cocin Magdeburg na Jamus akwai mutum-mutumin wani waliyin Kirista, Maurice, da aka sassaƙa a ƙarni na 13: baƙar fata ne sak, cikin sulken jarumi, an yi shi da girmamawa. Hujjar Davidson ita ce, kakannin Turawa sun san baƙar fata a matsayin mutum daban amma tsara, raini daga baya ya zo, lokacin da cinikin bayi ya buƙaci a samo dalilin da zai kwantar wa mai saye hankali. Masana na iya ja da shi kan wasu sassan wannan magana, amma a matsayin hanyar shiga zuciyar mai kallo, da wuya a samu wadda ta fi ta.

Kashi na 3 ya bi ayarin zinariya, daga Mali ta Mansa Musa, wanda ya yi hajjinsa mai tarihi a 1324, har zuwa biranen gaɓar gabashin Afirka. Kashi na 4, mai magana kan sarki da birni, shi ya kawo shi Kano, zamanin Sarki Ado Bayero. Ya shiga Gidan Rumfa, fadar da Muhammadu Rumfa ya gina a ƙarni na 15, ya nuna sarki na zaman fada da 'yan majalisarsa. Ga Bakano wannan ba labari ba ne, abin da yake gani ne kullum. Amma ku sa kanku a matsayin mai kallo a Manchester, wanda aka raina a kan cewa Afirka ba ta san tsarin mulki ba sai da Gwamna Lugga ya zo. Ga fada da ta girmi zuwan Turawan mulki da shekara 400, ga masu sarauta kowa da aikinsa, ga talaka na kawo kuka ana saurare. Abin da Davidson ke son a gani shi ne sarauta a Afirka hukuma ce mai ƙa'ida da masu taka wa sarki burki, ba son ran mutum ɗaya ba. Ko ya faɗi duka? Bai faɗa ba. Wanda ya san tarihin jam'iyyar NEPU da abin da talakawa suka sha a hannun 'yan doka da masu karɓar haraji a zamanin En'e zai ce akwai sauran magana. Kyamara na son rawani da algaita, kuma shiri na awa guda ba ya ɗaukar komai.

Sauran kashi huɗun sun bi zuwan 'yan mishan da bindiga, da rabon Afirka a taron Berlin na 1884 zuwa 1885, da tashin 'yan kishin ƙasa, da gadon da mulkin mallaka ya bari. Shirin ya ci lambar zinariya a bikin fina-finai da talabijin na New York. Bayan shekara 2, a 1986, Farfesa Ali Mazrui ɗan Kenya ya fito da nasa shirin a BBC, wannan karon ɗan Afirka ne ke riƙe da zancen.

To, ina tuntuɓen da na ambata? Mutumin da ba shi da ubangida yana da abokai, kuma bashin abota wani lokaci ya fi na albashi nauyi. Davidson ya ci tuwo ɗaya da mayaƙan nan, sun tsare ransa a daji, ya ga 'yan Tito a fuskokinsu. Da suka hau mulki sai ya yi nauyin baki. A Angola, bayan rikicin 27 ga Mayu, 1977, lokacin da aka zargi ɓangaren Nito Alves da yunƙurin juyin mulki, gwamnatin MPLA ta kashe dubban mutane, yawancinsu 'ya'yan jam'iyyar. Abin da Davidson ya rubuta a lokacin ya karkata ga bayanin gwamnati. Wata 'yar jaridar Birtaniya, Lara Pawson, ta bi sawun wannan kisa a littafin da ta fitar a 2014, kuma ta sa shi cikin marubutan da ta zarga da kau da kai. So hana ganin laifi. Mutumin da ya tona asirin aikin tilas na Fotugal a 1955 ya kamata a ce ya fi kowa saurin tambayar ina aka kai waɗannan matasa. Wannan tabo ne a aikinsa, kuma ba na jin yawan alherinsa ya goge shi. A Gini Bisau ma mafarkin bai daɗe ba: an kashe Cabral a Konakiri a watan Janairu na 1973, sannan a 1980 sojoji suka kifar da ɗan'uwansa Luis Cabral.

Sai dai bai mutu yana riƙe da tsohon zance ba. A 1992, yana da shekara 77, ya fitar da The Black Man's Burden, littafin dattijon da ya zauna ya tambayi kansa me ya sa 'yancin da ya yi wa shela ya haifi juyin mulki da yunwa da sata. Amsarsa ita ce, an karɓi 'yanci a cikin ƙwaryar da ba ta gida ba. Ƙasa mai iyakar da Bature ya shata, mai gwamnatin da ta tattare komai a babban birni, an gaje ta yadda take, aka canza masu zama a kujera kawai. 'Yan bokon da suka karɓi mulki kuwa an riga an koya musu cewa duk abin da kakanninsu suka gina na jahilci ne, don haka ba su waiwayi dabarun da al'ummominsu ke bi wajen riƙe shugaba da hana shi wuce gona da iri ba. Ya kawo misalin Asante, wadda a ganinsa ta kama hanyar zama ƙasa ta zamani da ƙafarta kafin a katse ta. Ya kuma kwatanta Afirka da gabashin Turai, don a daidai lokacin Yugoslabiyar da ya yi yaƙi dominta tana wargajewa cikin jini, abin da ke nuna cutar ba ta launin fata ba ce. Maganin da ya hango shi ne a sauko da iko kusa da jama'a, a kuma sassauta iyakoki ta hanyar haɗin kan yanki irin na ECOWAS.

Wanda ke zaune a Jibiya ko Maraɗi, ɗan'uwansa na tsallaken iyaka, ba ya buƙatar dogon bayani kan rabin farko na wannan hujja. Rabi na biyun ne ke da gardama. Shugabannin da suka kwashe dukiyar ƙasashensu ba iyakar Berlin ce ta kama hannunsu ta sa a baitulmali ba, kuma akwai ƙasashen da suka gaji irin wannan ƙwarya, kamar Botswana, ba su faɗa ramin da wasu suka faɗa ba. Masu sukar littafin sun ce ya fi ƙarfi wajen gano ciwo fiye da rubuta magani, ni ma haka na gani. Duk da haka har yau ana karanta shi a sassan tarihi da kimiyyar siyasa, ana kuma faɗa a kansa.

Ya ci gaba da rubutu har cikin shekarunsa na 80. Littafinsa kan Afirka ta Yamma kafin mulkin mallaka ya fito a 1998. Jimillar littattafansa ta haura 30, har da ƙagaggun labarai da tarihin abin da ya gani a yaƙi. Ya daɗe yana mataimakin shugaban ƙungiyar yaƙi da wariyar launin fata ta Birtaniya. A 2002 Fotugal, ƙasar da ya shafe shekaru yana tona wa asiri, ta ba shi lambar girmamawa ta hannun shugabanta Jorge Sampaio. Ya rasu ranar 9 ga Yuli, 2010, yana da shekara 95.